Saɓanin Ubangida da Yaronsa a Gaban Shari'a: Tarihin Soke Ƙarar Laifi a Ƙasar Katsina

1.0 Gabatarwa

Maƙasudin wannan takarda shi ne a bi diddigin wata ɗabi'a da ta zama ruwan dare a garuruwanmu, watau kai ƙaramin saɓani na wurin aiki gaban 'yan sanda a mai da shi laifi, sa'an nan a duba inda kotuna suka samo ikon soke irin wannan ƙara. Zan riƙa waiwayar ƙasar Kurfi da Dutsin-Ma wajen kawo misali, ko da yake abin da za a faɗa ya shafi ƙasar Katsina baki ɗaya.

Duk wanda ya zauna a waɗannan garuruwa ya san irin labarin. Mai shago ya yi lissafi da yaronsa kuɗi ba su cika ba. Ko mai mota ya nemi balas, direba ya ce mota a gareji ta wuni. Ko malamin makarantar kuɗi ya bar aiki yana bin albashin wata uku, ya riƙe rajistar aji ya ce sai an biya shi. Ko kuwa ma'aikata biyu su yi cacar baki a ofis har ɗaya ya ci kwalar ɗaya. Kafin la'asar magana ta isa caji ofis, an kuma raɗa mata sabon suna: zamba cikin aminci, ko sata, ko barazana, ko cin mutunci. Daga nan sai neman beli, sai sammaci, sai zaryar kotu.

Abin da nake son in nuna shi ne, wannan ɗabi'a tana da tarihi, kuma tushenta na baya-bayan nan ne. Fiƙihun da alƙalanmu suka gada ya raba tsakanin bashi da laifi. Mulkin Turawa ne ya kawo tunanin cewa mai aiki in ya saɓa alkawari ya zama mai laifi. Dokokin da suka tsaya a kan wannan tunani an yi ta rushe su ɗaya bayan ɗaya, to amma tunanin bai bi su ba. Saboda haka in kotu ta soke irin wannan ƙara, aikin da doka ta daɗe da farawa ne take ƙarasawa.

2.0 Kafin Zuwan Turawa

A ƙasar Katsina ta ƙarni na 19, mai aiki a ƙarƙashin wani iri-iri ne. Akwai ɗa ko ƙane a gandun gida, akwai bara a gidan basarake ko attajiri, akwai ɗan koyo a maƙera ko marina ko dukanci, akwai makiyayi, akwai ɗan ƙwadago, sa'an nan akwai bawa. Sha'anin bawa daban yake, za mu kuwa komo kansa. Amma tsakanin 'ya'ya, in saɓani ya tashi, akwai matakan da akan bi. Masu sana'a suna da shugabanninsu, kamar Sarkin Maƙera da Sarkin Fawa da Sarkin Aska, kasuwa kuma tana da Sarkin Kasuwa. In magana ta fi ƙarfin waɗannan sai mai unguwa da dagaci da liman. Abin da ya gagari sulhu shi ke isa gaban alƙali.

Alƙali kuwa da littattafan Malikiyya yake aiki, musamman Risala ta Ibn Abi Zaid da Mukhtasar na Halilu da Tuhfa ta Ibn Asim. A cikin waɗannan littattafai, dangantakar mai ba da aiki da mai yi tana ƙarƙashin babin ijara ne, watau jinga, tare da ciniki da haya da ajiya. Ƙa'idar ita ce, wanda aka ɗauka aiki amintacce ne. In dukiya ta salwanta a hannunsa ba ya biya sai an tabbatar ya yi sakaci ko ya ƙetare iyaka. Makiyayi, alal misali, in akuya ta ɓace masa a daji, rantsuwa ke kansa. An ware masu sana'ar da ke karɓar kayan jama'a su tafi da su, kamar maɗinki da marini, aka ɗora masu lamunin abin da ya lalace, domin kare dukiyar mutane. Amma a lura, ko a nan ma hukuncin biya ne. Har wanda ya ci amanar da aka danƙa masa, malamai ba su sa shi a sahun ɓarawon da ake yi wa haddi ba, sai dai a karɓi dukiya a kuma ladabtar da shi gwargwadon ganin alƙali.

Akwai hukunci biyu na Sayyidina Umar a cikin Muwaɗɗa ta Imamu Malik da suka dace da zancenmu ƙwarai. Na farko, wani mutum ya kawo bawansa yana neman a yanke masa hannu saboda ya ɗauke madubin matarsa mai darajar dirhami 60. Umar ya sa aka sake shi, bisa hujjar cewa hadimin gida ne ya ɗauki kayan gida. Na biyu, bayin Haɗibu suka sace taguwar wani mutumin ƙabilar Muzaina suka yanka. Har an ba da umurnin haddi, sai Umar ya janye shi da ya fahimci ubangijinsu yana barinsu da yunwa, ya kuma ɗora wa Haɗibu biyan dirhami 800, ninki biyu na kuɗin taguwar. Imamu Malik ya nuna ba a aiki da wannan ninkawa, amma darasin yana nan: mai hukunci ya tsai da shari'ar laifi, ya dubi yadda ake riƙon ma'aikacin, ya mai da magana kan biyan dukiya. Alƙalin da ya karanta wannan tun yana almajiri ba zai yi gaggawar ɗaure yaro don ubangidansa ya ce kuɗi ba su cika ba.

Ba ina cewa zamanin nan babu zalunci ba ne. Mai ƙarfi yakan danne marar ƙarfi, bara kuma bai cika iya ƙarar ubangidansa ba. Abin da ke akwai shi ne iyaka bayyananna a littafi tsakanin haƙƙin da ake biya da laifin da ake horo a kai.

3.0 Dokar Ubangida da Bara

A Ingila al'amarin ya sha bamban. Tun daga dokar ma'aikata ta 1351, wadda aka yi bayan annoba ta rage masu ƙwadago, barin aiki kafin wa'adi laifi ne. Dokar Ubangida da Bara ta 1823 ta ba majistare ikon ɗaure ma'aikaci har wata 3 da aiki mai tsanani saboda fashin aiki ko barinsa. Shi kuwa ubangida in ya hana lada, iyakarta a bi shi bashi. Alkawari ɗaya, amma mai karya shi daga sama ɗan bashi ne, mai karya shi daga ƙasa fursuna. Tsakanin 1858 da 1875 akan gurfanar da kimanin mutum 10,000 kowace shekara a ƙarƙashin wannan doka. Sai da ƙungiyoyin ƙwadago suka yi ta fafutika kana majalisa ta kawar da horon a 1875.

Abin mamaki, dokar da aka binne a gida ita aka riƙa shukawa a ƙasashen da aka mallaka. Akwai ta a Afirka ta Kudu tun 1856, ba a kuwa soke ta ba sai 1974. An kafa ta a Kenya a 1906. A Nijeriya ma an yi irinta tun farkon mulkin Turawa, bayan haɗe Kudu da Arewa kuma aka fito da ta ƙasa baki ɗaya a 1917, kafin dokar ƙwadago ta 1929 da ta 1945 su biyo baya.

A nan ya kamata mu yi hattara. Wannan rubutacciyar doka ba ta taɓa mutanen Kurfi da Dutsin-Ma kai tsaye ba sai kaɗan, domin masu aikin albashi a ƙarƙashin Bature ko kamfani 'yan ƙalilan ne. Tunanin ya iso ƙauye ta wasu hanyoyi biyu.

Hanya ta farko ita ce sha'anin bayi. Dokar Gwamna Lugga ta 1901 ta hana cinikin bayi, ta kuma 'yanta duk wanda aka haifa bayan 31 ga Maris na wannan shekara, amma ba ta saki waɗanda ke hannu ba. Turawa suna tsoron kada gandaye su watse, noma ya faɗi, haraji ya ƙi taruwa. Saboda haka aka toshe wa bawan da ya gudu hanyar samun gona, aka riƙa kallonsa a matsayin mai yawon banza, aka kuma tura shi kotun alƙali ya fanshi kansa ta hanyar murgu. Ba a haramta bauta ɗungum a Arewa ba sai 1936. Lovejoy da Hogendorn sun yi bayanin wannan filla-filla a littafinsu na 1993. Ke nan shekara 35 hukuma tana koya wa jama'a cewa wanda ya bar wa ubangida aiki, neman sa ake yi da dogari.

Hanya ta biyu ita ce aikin tilas. Turawa sun karɓi Katsina a 1903, aka naɗa Sarki Muhammadu Dikko a 1906, aka kuma fara kafa Baitulmali a nan Katsina kafin sauran masarautu. Hakimai suka koma zama a gundumominsu, kamar yadda Maraɗi yake a Kurfi, 'Yanɗaka kuma a Dutsin-Ma. Ta hannun hakimi da dagaci ake tara haraji da jangali, ta hannunsu kuma ake ɗibar mutanen gyaran hanya da ginin bariki da ɗaukar kaya. Abin ya kai maƙura a lokacin Yaƙin Duniya na Biyu, tsakanin 1942 da 1944, sa'ad da aka ɗebi wajen mutum 100,000 daga lardunan Arewa zuwa haƙar kuza a Jos, wanda ya tsere kuwa mai laifi ne. Daɗin daɗawa, a tsarin En'e mai ba da aiki da mai kamu da mai shari'a da mai gidan yari duk rassan hukuma guda ne. Malamin En'e ko lebura in ya saɓa da na gaba da shi, ɗan doka ne zai kamo shi, alƙalin En'e ya yi masa hukunci, Yari ya karɓe shi. A ganina, a nan ne aiki da kamu suka saba da juna a zukatan mutane.

4.0 Rushewar Horon a Takarda

Matsin lamba ya fara zuwa ne daga waje. Ƙungiyar Ƙwadago ta Duniya ta zartar da yarjejeniya ta 65 a 1939, wadda ta nemi a janye horon laifi a kan saɓa alkawarin aiki sannu a hankali, sa'an nan ta 104 a 1955, wadda ta nemi a kawar da shi ɗungum. Nijeriya ta amince da ta biyun a 1962. A 2018 ƙungiyar ta soke yarjejeniyoyin biyu da kanta, bisa ganin cewa zamaninsu ya wuce.

A cikin gida, babban sauyi ya zo gab da samun mulkin kai. A 1958 gwamnatin Sardauna ta kafa kwamitin masana shari'a a ƙarƙashin Alƙalin Alƙalan Sudan, Sayyid Muhammad Abu Rannat, tare da Mai Shari'a Muhammad Sharif na Pakistan da Farfesa Anderson na Landan da wakilai daga Arewa. Shawararsu ce ta haifi Final Kot, wadda majalisa ta zartar a 1959, ta fara aiki ranar 30 ga Satumba, 1960, tare da dokar tsarin shari'ar laifuffuka. An ɗauko ta ne daga ta Sudan, ita kuma ta Sudan daga ta Indiya ta 1860.

Final Kot ta yi abu biyu masu jan hankali. Na ɗaya, ta taƙaita laifin saɓa alkawarin aiki ga wurare ƙalilan masu haɗari, kamar wanda ya yasar da mutum a tsakiyar tafiya, ko wanda ya yi watsi da yaro ko majinyacin da aka ɗauke shi ya kula da shi. Barin shago ko gona ko ofis ba ya ciki. Na biyu, sashe na 58 ya tanadi cewa cutarwar da ta yi ƙanƙanta har mai hankali da matsakaicin haƙuri ba zai kai kuka a kanta ba, ba laifi ba ce. Wannan sashe kusan fassarar karin maganarmu ce, cewa zo mu zauna, zo mu saɓa, kuma harshe da haƙori ma sukan saɓa.

To amma dokar ta bar wata kafa. Sashe na 312 ya yanka wa cin amana ɗauri har shekara 7, sashe na 314 kuma ya kai shi shekara 10 in mai laifin akawu ne ko bara. Lalle akwai hikima a ciki, domin wanda aka ba mabuɗi ya fi baƙo ikon ɓarna. Sai dai laifin ba ya tabbata sai an nuna rashin gaskiya a zuci, watau mutum ya karkatar da dukiya da gangan. Giɓin lissafi kaɗai, ko asarar ciniki, ko bashin da aka ba abokin ciniki bai biya ba, duk ba su kai ba. Amma a bakin kantar caji ofis wa ke tsayawa tantance wannan? Ta wannan kafa ce tsohuwar dokar ubangida da bara ta komo da sabuwar riga. Ko da aka soke kotunan sarakuna aka mai da na alƙalai kotunan yanki a 1968, aka kuma haɗe 'yan doka da 'yan sandan Nijeriya, kaki ne ya sauya, ɗabi'ar ba ta sauya ba.

5.0 Hanyoyin Soke Ƙara

Doka ta tanadi hanyoyi huɗu na kashe irin wannan ƙara. Ta farko tana hannun majistare ko alƙalin da aka fara kai wa magana: yana da ikon ya ƙi karɓar ƙorafin da bai nuna laifi ba, ko ya sallami wanda ake tuhuma in ya ga babu tushe. Ta biyu ita ce sulhu, domin dokar 1960 ta jera ƙananan laifuffukan da wanda aka cuta zai iya yafewa, ƙara ta mutu. Ta uku tana hannun Atoni-Janar, wanda tsarin mulkin 1979 a sashe na 191, da na 1999 a sashe na 211, suka ba ikon tsai da ƙarar laifi a jiharsa kafin a yanke hukunci. A shari'ar Ilori ta 1983 Kotun Ƙoli ta ce kotu ba ta da hurumin bincikar dalilinsa. Ta huɗu ita ce ikon Babbar Kotu na hana a yi wasa da shari'a. A shari'ar Ikomi ta 1986 Kotun Ƙoli ta bayyana cewa dole takardun tuhuma su nuna alaƙa tsakanin mutum da laifin, ko da yake ba ta soke tuhumar ba a wannan karo. A shari'ar Muhammad Abacha ta 2002 kuwa ta soke, ta kuma nuna cewa sa mutum ya tsaya gaban shari'a ba tare da hujjar farko ba, shi kansa zalunci ne.

A kan batunmu kai tsaye, Kotun Ɗaukaka Ƙara ta faɗa a shari'ar McLaren da Jennings ta 2003 cewa karɓar bashi ba aikin ɗan sanda ba ne. Majalisar Tarayya ta mai da wannan rubutacciyar doka a sashe na 8 na dokar gudanar da shari'ar laifuffuka ta 2015, sa'an nan a sashe na 32 na dokar 'yan sanda ta 2020, wadda ta game ƙasa duka: ba a kama mutum don saɓa alkawari ko don haƙƙin da ke tsakaninsa da wani kurum. Jihar Katsina ma ta yi nata sababbin dokokin laifi da na gudanar da shari'a a 2021. Bugu da ƙari, rigimar aiki tana da kotunta, watau Kotun Ma'aikata ta Ƙasa, wadda aka kafa a 1976, gyaran tsarin mulki na 2010 kuma ya keɓe mata wannan fage.

Indiya, wadda muka yi tarayya da ita a tushen doka, ta bi irin wannan hanya. A shari'ar Bhajan Lal ta 1990 Kotun Ƙolinsu ta jera yanayin da ya kamata a soke ƙarar laifi, ciki har da ƙarar da aka shigar don ramuwar gayya, da wadda ko an gaskata duk abin da ke cikinta ba ta nuna laifi ba.

6.0 Kammalawa

In aka dubi wannan jeri, sai a ce ai magana ta ƙare. To amma a sake duban sunayen shari'o'in: na babban lauyan gwamnati ne, da joji, da ɗan shugaban ƙasa, da manyan 'yan kasuwa. Yaron shago a Kurfi bai san hanyar ofishin Atoni-Janar ba, ba shi da kuɗin lauyan da zai kai takarda Babbar Kotu, Kotun Ma'aikata kuwa ba ta zama a Kurfi ko Dutsin-Ma. Kafin a kai ga soke ƙara ya kwana a bayan kanta, danginsa sun sai da akuya ko hatsi, an tilasta masa sa hannu a takardar biyan abin da ba a tabbatar ba, sunan ɓarawo kuma ya bi shi har gidan surukai. An riga an yi horon tun ba a fara shari'a ba. Ihu bayan hari ke nan.

Saboda haka nauyin ya fi rataya a kan matakin farko, watau babban jami'in 'yan sanda na yanki, da majistare, da alƙalin kotun shari'ar Musulunci. Tambaya uku sun isa su tace yawancin waɗannan ƙararraki. Shin akwai dangantakar aiki da ta rigayi ƙarar? Shin mai ƙara horo yake nema ko kuɗinsa? Shin in an gaskata duk abin da ya faɗa, ya nuna mugun nufi, ko kuwa asara kurum ya nuna? Haka nan ziyarar wata-wata da dokar 2020 ta ɗora wa majistarori su riƙa kai wa wuraren tsare mutane, in ana yin ta da gaske, za ta fi hukuncin Kotun Ƙoli goma amfani ga talaka. Hakimai da shugabannin 'yan kasuwa da na direbobi su ma suna da rawar da kakanninsu suka taka.

Wajibi ne kuma a ja iyaka. Dukan da ya jikkata ma'aikaci, da neman mace da lalata a wurin aiki, da wawurar dukiyar jama'a, da satar da hujja ta tabbatar, waɗannan ba ƙananan saɓani ba ne, kuma kiran sulhu a kansu danne marar ƙarfi ne. Sashe na 58 an yi shi domin abin da mai hankali zai kau da kai, ba domin abin da mai tsoro zai haɗiye ba. Mai dukiya ma yana da haƙƙi, hanyarsa kuwa a buɗe take: ya yi ƙarar neman haƙƙinsa, ya kawo shaida ko littafin lissafi, a biya shi.

Daga ƙarshe, ina kira ga 'yan'uwa malamai da ɗalibai masu nazarin tarihi su juya ga kundayen kotunan alƙalai na gundumomin Katsina, da takardun lardi da ke Gidan Adana Takardun Tarihi na Kaduna, da kuma tsofaffin da suka ga zamanin En'e tun suna raye. Christelow ya yi irin wannan aiki a kan majalisar Sarkin Kano Abbas, ya kuwa nuna yawan abin da ke kwance a cikin waɗannan kundaye. In aka yi wa Kurfi da Dutsin-Ma haka, za mu san shekarun da ƙarar bara ta tashi daga babin ijara ta koma babin laifi, da kuma irin mutanen da suka fara biyan kuɗin wannan sauyi.